Yaya aka yi maƙwabciyarmu Ikwatoriyal Gini take magana da Sifaniyanci?

Wani ɗan'uwa ya aiko da tambaya. Ya ce ya kalli wasan Najeriya da Ikwatoriyal Gini a gasar cin kofin Afirka a Janairun 2024, wanda aka tashi 1-1, sai ya ji 'yan wasansu na hira da Sifaniyanci. Yana son sanin yadda aka yi ƙasar da ke tsakanin Kamaru da Gabon, masu Faransanci, ta ɗauki harshen Sifen, da kuma irin ƙasar da irin mutanenta.

Malam, gajeriyar amsa ita ce Sifen ce ta yi mata mulkin mallaka, daga 1778 zuwa 1968. Sai dai wanda ya tsaya a nan zai ɗauka Sifaniyawa sun yi shekara 190 suna zaune a wurin, alhali ba haka ba ne. Yawancin waɗannan shekarun mallakar ta takarda ce kawai. Waɗanda suka gina garuruwan farko, suka noma gonakin, suka kawo harshen kasuwa, daga Saliyo da Laberiya da Kiyuba da Kalaba suka fito. Tarihin ƙasar nan ya fi cuɗanya da namu fiye da yadda yawancinmu muka sani, kuma abin yana damuna cewa ba a koyar da shi a makarantunmu.

Sai an fara fahimtar shimfiɗar ƙasar, domin a warwatse take. Faɗinta gaba ɗaya murabba'in kilomita 28,000 ne da 'yan kai, wato ta fi jihar Kano girma, mutanenta kuwa ba su kai miliyan 2 ba. Babban ɓangaren, wanda ake kira Rio Muni, yana kan tudu, a matse tsakanin Kamaru da Gabon, babban garinsa Bata. Sai tsibirin Bioko, inda Malabo, garin da ya daɗe yana hedikwatar ƙasar, take, wanda ya fi kusa da gaɓar Kamaru da ta Najeriya a kan Bata kanta. Daga Bioko zuwa gaɓar Kamaru kilomita 30 ne da ɗoriya. Can kudu kuma akwai ɗan mitsitsin tsibirin Annobon, wanda kafin ka kai shi daga Malabo sai ka wuce wata ƙasa sukutum, Sao Tome da Principe. Layin da ya raba duniya biyu, wanda ƙasar ta samo sunanta daga gare shi, bai ratsa ko taƙi ɗaya na ƙasarta ba: Annobon na kudu da shi, saura duk suna arewa.

Bioko dutse ne mai aman wuta da ya ɓullo daga teku. Yana cikin jerin duwatsun da suka taso tun daga Annobon, suka bi ta Dutsen Kamaru, suka miƙe har tsaunukan Adamawa da tudun Biu a Borno. Ƙololuwarsa, Pico Basile, ta haura mita 3,000, tana tsaye a bayan Malabo, yawancin ranaku gajimare ya rufe mata kai. Daga Disamba zuwa Fabrairu ƙurar hunturunmu kan kai har can, ta dusashe sararin garin. A kudancin tsibirin kuwa labari ya sha bamban. Iskar damina na tasowa daga teku ta bugi bangon dutse ta juye ruwanta, har ƙauyen Ureka yana samun ruwan sama sama da milimita 10,000 a shekara. Kano ba ta cika wuce 1,000 ba. Wurare kaɗan ne a duniya suka kai Ureka ruwa.

Wannan ruwan da wuyar hanya su suka kare kudancin Bioko daga gatari. Kimanin shekara 10,000 da suka wuce teku ya tashi ya yanke tsibirin daga babbar ƙasa, dabbobin da suka maƙale a ciki suka ci gaba da rayuwa a keɓe. Akwai birai iri bakwai a wurin. Cikinsu akwai wani ƙaton biri mai baƙar fuska da gajeren wutsiya, wanda ba a samun danginsa sai a Kuros Riba da kudu maso yammacin Kamaru, da wani jan biri wanda ya kusa ƙarewa. A rairayin bakin tekun kudu, daga Nuwamba zuwa Fabrairu, kunkurun teku iri huɗu na fitowa da dare su yi ƙwai. Mafi girmansu ba shi da ƙoƙon baya mai tauri, fata ce mai kauri, kuma nauyinsa kan kai kilo ɗari uku ko fiye. Uwar takan jawo jiki a hankali ta haye yashi, ta haƙa rami da ƙafafun baya, ta zuba ƙwai wajen tamanin zuwa ɗari, ta rufe, ta watsa yashi don ɓad da sawu, ta koma ruwa. Bayan kamar wata biyu 'ya'yan su fashe su ruga teku. A 2007 gwamnati ta haramta farautar birai, amma naman daji bai bar kasuwar Malabo ba, domin abincin masu kuɗi ne, kuɗin mai kuma ya ƙara yawan masu saye. Titin kwalta da aka yanka daga Luba zuwa Ureka ya sauƙaƙa wa mutanen ƙauyen zuwa asibiti da kasuwa, wannan alheri ne, sai dai ya sauƙaƙa wa mai bindiga shiga dajin da a da sai an yi kwanaki a ƙafa.

A Rio Muni daji ne mai duhu, inda gandun Monte Alen yake da giwaye da goggon biri da damisa, da wani kwaɗo da ya fi kowane kwaɗo girma a duniya, yakan kai kilo 3. A nan ne a 1966 aka kama wani farin ɗan goggon biri, zabiya, aka kai shi gidan dabbobi na Barcelona, ya zauna har ya mutu a 2003. Itacen da ke jikin tambarin ƙasar kuma ba baƙo ba ne a wurinmu, rimi ne.

Yanzu ga tarihin. Kafin Turawa, ƙabilar Bubi ce a Bioko, manoman doya da gwaza da suka ƙetaro teku tun da daɗewa. Wani matuƙin jirgi ɗan Fotigal, Fernao do Po, ya iso wajajen 1472, tsibirin ya ɗauki sunansa, Fernando Po, har ƙarni biyar. Fotigal ba ta iya zama a cikinsa ba. A 1778 ta miƙa shi tare da Annobon ga Sifen, a yarjejeniyar El Pardo, a cikin sasanta rikicin iyakokinsu na Kudancin Amurka. Sifen na son wurin da za ta riƙa sayen bayi da kanta. Daga Montevideo aka turo rundunar karɓar tsibirin, daga Buenos Aires kuma ake gudanar da shi a takarda. Zazzaɓi ya karkashe sojojin, shugabansu ya mutu, cikin 'yan shekaru saura suka tattara suka gudu. Aka bar wurin kusan shekara hamsin ba Basifaniye.

Ingila ce ta cike gurbin. A 1827 Kyaftin William Owen ya kafa sansanin Clarence don jiragen da ke tare masu fataucin bayi, kuma wannan sansanin shi ne Malabo ta yau. Bayin da aka ƙwato a teku, da Kiriyo daga Saliyo, suka zauna a garin, suka zama al'ummar da ake kira Fernandino. Su suka kawo Turancin buroka da ake kira Pichi, wanda har gobe shi ne harshen titi a Malabo, kuma wanda ya iya burokan Najeriya zai tsinci abubuwa da yawa a cikinsa.

Daga wannan ɗan garin aka shirya abubuwa da dama da suka shafi ƙasarmu. Richard Lander, yaron Baturen matafiyi Clapperton, wanda ya binne maigidansa kusa da Sakkwato a 1827 zamanin Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, daga baya ya bi kogin Kwara har bakin teku. A 1834 aka harbe shi a yankin Neja Delta, ya mutu a Clarence, can kabarinsa yake. John Beecroft, Bature ɗan Ingila, shi Sifen ta naɗa gwamnan tsibirin a 1843, don ba ta da nata mutumin da zai zauna. Shi ne kuma Ingila ta naɗa ƙaramin jakadanta na gaɓar tekun nan a 1849, kuma daga Fernando Po ya shirya farmakin Legas na 1851 da ya tumɓuke Sarkin Legas Kosoko. Jirgin Baturen likita William Baikie da ya hau Binuwai a 1854, tafiyar da ta tabbatar wa Turawa cewa kwinin na kare su daga zazzaɓin cizon sauro, daga nan ya tashi. Sai a 1858 ne gwamna Basifaniye na farko ya zauna, sunan garin kuma ya riga ya koma Santa Isabel. A shekarun 1860 Sifen ta kwaso 'yantattun bayi da fursunonin siyasa daga Kiyuba ta zube a tsibirin. Limaman Katolika na ƙungiyar Claret, waɗanda su ne suka dasa Sifaniyanci da gaske, sun iso a 1883.

Rio Muni ta fi haka makara. Sifen ta nemi yanki mai faɗin gaske, amma a lokacin ta yi rauni, Amurka ta ƙwace mata Kiyuba da Filifin a 1898. A yarjejeniyar Paris ta 1900 Faransa ta bar mata murabba'in kilomita 26,000 kacal, shi ya sa iyakokin suke miƙe kamar an ja da rula. Cikin dajin, ƙasar ƙabilar Fang, bai shiga hannu sosai ba sai wajajen 1926. Ka lissafa: a yankin da mafi yawan 'yan ƙasar suke, mulkin Sifen na haƙiƙa shekara arba'in ne da 'yan kai.

Arziƙin mallakar kuwa koko ne, wanda ake cakulan da shi. Ƙasar Bioko baƙa ce, tokar dutse, ga ruwa, kokonta na cikin mafi kyau a duniya. Daga nan ne wani maƙeri ɗan Ghana, Tetteh Quarshie, ya koma gida da iri a shekarun 1870, ya shuka a Mampong, noman ya bazu. Matsalar Fernando Po kullum ita ce hannun aiki. Cututtukan baƙi sun rage Bubi ƙwarai, waɗanda suka rage kuma suna da gonakinsu, ba su ga dalilin yi wa wani bauta ba. Sun yi tawaye fiye da sau ɗaya, sarkinsu Esaasi Eweera ya mutu a hannun Sifaniyawa a 1904. Sai aka koma Laberiya neman lebura. Yadda ake kamo mutanen ya yi muni har Majalisar Ƙasashe ta wancan zamani ta yi bincike a 1930, ta ce abin bai da maraba da cinikin bayi, shugaban Laberiya Charles King ya sauka daga mulki.

Daga nan nauyin ya dawo kan Najeriya. Da farko a ɓoye ake ƙetarar da mutane cikin kwalekwale daga Kalaba da Oron, sannan a 1942 Ingila da Sifen suka sa hannu a yarjejeniyar ɗaukar ma'aikata. Inyamurai da Ibibio da Efik dubun dubata suka tafi wurin da suke kira Panya. Aikin kwantiragi ne: sara, yanke kwanson koko, fasa shi, shanya, ɗaukar buhu. Ana riƙe wani kaso na albashi sai kwantiragi ya ƙare, don kada lebura ya gudu, ga bulala a hannun masu kula da gona. A farkon shekarun 1960 'yan Najeriya sun fi 'yan asalin tsibirin yawa, har wasu jaridu da 'yan siyasa a Legas suna kiran a haɗe shi da Najeriya. Hausawa ma sun je, amma galibi ta hanyar fatauci, daga Najeriya da Kamaru, kuma su ne tushen tsirarun Musulmin ƙasar kafin zuwan 'yan Mali da Senegal. A lokacin yaƙin basasarmu, daga filin jirgin Santa Isabel jiragen agaji na Red Cross suka riƙa tashi zuwa Biyafara.

An ba da 'yancin kai ran 12 ga Oktoba 1968, Francisco Macias Nguema ya ci zaɓe. Abin da ya biyo baya yana cikin mafi munin mulkin da Afirka ta gani, kuma ban faɗi haka don ƙawata magana ba. Cikin wata biyar ya zargi ministan harkokin wajensa, Atanasio Ndongo, da yunƙurin juyin mulki, aka kashe shi. Abokin takarar Macias a zaɓe, Bonifacio Ondo Edu, ma ya mutu a kurkuku. Sifaniyawa suka fice. Ya mayar da ƙasar ta jam'iyya ɗaya, ya naɗa kansa shugaba na har abada a 1972, ya sa wa tsibirin sunansa. Ya tsani masu ilimi, makarantu suka durƙushe, ya rufe majami'u, ya sa aka lalata kwalekwalen masunta don kada a tsere ta ruwa. An ƙiyasta kusan kashi ɗaya cikin uku na jama'ar ƙasar an kashe su ko sun yi hijira. Gwamnatin Sifen kuma, daga 1971 zuwa 1976, ta hana jaridunta buga labarin ƙasar, saboda haka duniya ba ta ji kukan da wuri ba. Da cin zarafin ma'aikata 'yan Najeriya ya kai maƙura, gwamnatin Janar Murtala Muhammad ta kwashe su ta ruwa da ta sama a ƙarshen 1975 da farkon 1976. Tafiyarsu ta karya koko. Ƙasar da ke fitar da sama da tan 30,000 a shekara ta koma 'yan dubbai, kuma bai sake farfaɗowa ba.

Ran 3 ga Agusta 1979 wani hafsan soja daga danginsa, Teodoro Obiang Nguema, ya kifar da shi. Aka yi wa Macias shari'a a wani gidan silima a Malabo, aka harbe shi ran 29 ga Satumba. Obiang ya ci gaba da mulki shekara arba'in da ɗoriya, yana lashe zaɓe da fiye da kashi 90 cikin ɗari.

To me ya sa harshen ya kama, duk da gajartar mulkin da kuma ƙiyayyar da Macias ya nuna masa? Dalili na farko makaranta da coci. Zamanin Janar Franco, mai mulkin Sifen a lokacin, an matsa sosai a kan firamare, da Sifaniyanci zalla, har yawan yaran da ke makaranta ya zarce na yawancin maƙwabta. Doka kuma ta raba baƙar fata gida biyu: wanda ya samu takardar shaidar wayewa yana iya mallakar dukiya da ƙulla ciniki kamar Bature, wanda bai samu ba ana ɗaukarsa tamkar yaro a gaban shari'a. Harshen na cikin abin da ake dubawa. Dalili na biyu, babu harshen gida da kowa zai yarda da shi. Fang sun haura kashi 80 cikin ɗari, amma Bubi, da suke ganin an mamaye musu tsibiri, ba za su karɓi Fang ya zama harshen ƙasa ba. Ga Ndowe na bakin teku, ga mutanen Annobon da ke da nasu burokan na harshen Fotigal. Sifaniyanci ne kaɗai ba na kowa ba. Na uku, hijira. Waɗanda suka tsere wa Macias da yawa Sifen suka nufa, 'ya'yansu da jikokinsu ne ka gani a fili. Emilio Nsue, wanda ya fi kowa cin ƙwallo a waccan gasar ta cin kofin Afirka da guda 5, a tsibirin Mallorca aka haife shi. Daga baya gwamnati ta ƙara Faransanci da harshen Fotigal cikin harsunan hukuma, ta kuma shiga kuɗin sefa a 1985, amma wannan lissafin siyasa da kasuwanci ne. A aji da kotu da rediyo Sifaniyanci ne ke aiki.

A gida kuwa kowa da nasa. Ƙauyen Fang yana da rumfar taro da ake kira aba'a, inda maza ke cin abinci, a yanke shari'a, a tarbi baƙo. A nan mai mvet ke zama, da kayan kiɗansa na sandar tukurwa mai tsirkiya da ƙorai a ɗaure, ya kwana yana rera labarin yaƙin mutanen da ba sa mutuwa da masu neman ƙwace sirrinsu, jama'a na amsawa. Gumakan katako da Fang ke sassaƙawa don gadin ƙasusuwan kakanni yanzu sun fi yawa a gidajen tarihin Turai. Bubi ta wajen uwa suke lissafa dangi. Fernandino na da dodon da ke fitowa lokacin Kirsimeti, wanda asalinsa ke komawa ga ƙungiyar Ekpe ta Kalaba. Abinci rogo ne da gwaza da ayaba, da miyar gyaɗa, da kifin da ake naɗewa a ganye a gasa, da farfesun kifi mai yaji. Mafi yawan jama'a Katolika ne, Musulmi tsiraru ne, suna da masallatansu a Malabo da Bata.

Man fetur ya zo ne a makare. Kamfanin Mobil ya gano rijiyar Zafiro a 1995, kusa da iyakar ruwan Najeriya. Cikin shekara goma ƙasar na haƙo sama da ganga 300,000 a rana, idan aka raba kuɗin a kan kowane mutum ta shiga sahun gaba a Afirka. An yi tituna masu kyau, da tashoshin jiragen ruwa, da sabon birni a tsakiyar daji, Ciudad de la Paz, don mayar da hedikwatar gwamnati can. Shirin yaƙi da zazzaɓin cizon sauro da aka fara a Bioko a 2004 ya rage cutar ƙwarai, wannan a yaba. Amma abin da aka zuba a makaranta da asibiti da ruwan sha bai yi kusa da abin da aka zuba a siminti ba, kuma a ganina wannan ne babban laifin, domin jama'ar ba su da yawan da za a ce kuɗin ba zai ishe su ba. Inda wani ɓangaren kuɗin ya tafi ba ɓoyayye ba ne. Binciken Majalisar Dattawan Amurka na 2004 ya bankaɗo ɗaruruwan miliyoyin daloli a bankin Riggs, kotun Paris kuma a 2017 ta samu ɗan shugaban, Teodorin, wanda shi ne mataimakin shugaban ƙasa, da laifin halatta kuɗin haram.

Yanzu rijiyoyin sun tsufa. Abin da ake haƙowa ya faɗi ƙasa da ganga 100,000 a rana, ExxonMobil ya miƙa Zafiro ga kamfanin gwamnati ya fice a 2024. Masana'antar sarrafa iskar gas ta Punta Europa, kusa da Malabo, wadda ta fara aiki a 2007, tana buƙatar gas fiye da abin da ƙasar ke iya ba ta. Shi ya sa a Agustan 2024, da Shugaba Tinubu ya ziyarci Malabo, ƙasashen biyu suka sa hannu a kan shimfiɗa bututun da zai kai gas ɗin Najeriya Bioko a sarrafa shi a can.